Ƙishirwar Khiroda

Ranar cikar shekara guda da rasuwar Nibaran Bagchi ta faɗo a kan Ekadashi, kamar yadda rasuwar tasa ta faɗo, domin a Kushumdanga da wata ake lissafin matattu. Sau biyu Ekadashi ke zuwa a kowane wata, kuma a ranar duk matar da mijinta ya mutu a gidajen Brahman, dangin limamai da ke saman kowa, ba ta ci ba ta sha, daga fitowar rana har wata fitowar. Wannan ta zo a tsakiyar bazara, lokacin da kogi ya janye ya bar taɓo, mangwaro na faɗowa da kansa saboda zafi.

Torulata Malo, shugabar makarantar 'yan matan garin, tana farfajiya tun da hantsi tana duba rumfar da aka kafa. An jingine allon dutse mai ɗauke da sunan marigayi a jikin bango, an lulluɓe shi da farin ƙyalle. Jawabin da za ta karanta da yamma yana ninke a ƙugunta, ta riga ta haddace shi. A ciki ta faɗi yadda Nibaran ya dawo daga Kalkata da akwatin littattafai da tari, ya share garken shanun mahaifinsa ya zaunar da yara mata huɗu a kan tabarma. Ta faɗi yadda gari ya hana shi wanzami da mai wanki har shekara uku, gemunsa ya kai ƙirji, yana wanke zanensa da kansa a bakin tafki mutane na kallo. Ta kuma kawo maganar ɗan littafin da ya rubuta a kan azumin ƙishirwa na mata masu takaba, wanda aka ƙona a kasuwanni biyu. Duk gaskiya ne. Ita kanta 'yar masunta ce, dangin da Brahman ba sa yarda jiki ya haɗa su da su, kuma ba don shi ba da yanzu tana fere kifi a bakin kogi.

Likita Gopen Maitra ya shigo a kan kekensa, gumi ya jiƙa masa riga. Shi ne likitan garin, shi ne kuma sakataren kwamitin makaranta, kuma bakinsa ba ya hutawa.

"Didimoni," ya ce, da sunan da ake kiran malamai mata, "bar dutsen nan haka, ba inda zai je. Je ki ga tsohuwarku."

"Zazzaɓin bai sauka ba?"

"Sauka? Kwana uku cikinta na gudu, yau kuma ga Ekadashi. Harshenta ya zama kamar bandar kifin babanki, ki gafarce ni. In ba ta sha ruwa yau ba, gobe da safe itacen ƙona gawa za ku nema, ba furanni ba."

"Ka gaya mata haka?"

"Na gaya mata mana. Ta ce wai lokacin da nake yawo ba wando ita ta ɗura mini maganin tsutsar ciki, shi ne yau zan koya mata abin da za ta sha." Ya goge wuyansa. "Wannan maganar likita ce. Ga ta sakatare kuma: kwalekwalen Uwargida Lahiri, kakar ɗalibanki na tsallake, ya iso mashayar kogi. Ni dai na faɗa miki duka biyun."

Ya hau kekensa ya tafi duba kujeru.

Tsohuwar da yake nufi ita ce Khiroda, yayar Nibaran, wadda duk gari ke kira Pishima, wato gwaggo, tun daga yara har masu furfura. Tana da shekara goma sha tara mijinta ya mutu, aka aske mata kai, ta dawo gidan mahaifinta da farin sari, zanen masu takaba. Yanzu ta haura saba'in. Ita ta riƙe wa ƙaninta gida duk tsawon rayuwarsa, don bai yi aure ba.

Da ya rasu gidan ya zama kango, sai Torulata ta ga damar mayar da shi makwancin ɗalibai. A tsallaken kogi akwai gidajen Brahman masu taurin kai waɗanda ko a zamanin Nibaran ba su taɓa aiko da yarinya ba. Ta hau kwalekwale ta bi su gida-gida. A tsakar gida suke tsayar da ita, nesa da madafi, bayan ta fita a watsa ruwa a inda ta taka. Ta yi musu maganar karatu da jarrabawa, suna kallonta kamar mai tallar gishiri. Sai da ta ce, "A wurin Pishima za su zauna, daga hannunta za su ci," sannan fuskoki suka sake. Ta dawo da alkawarin yara goma sha ɗaya. Uku daga cikinsu jikokin Uwargida Lahiri ne, wadda in ta ɗaga gira a wancan ƙauye kowa ya san abin da zai yi.

Torulata ta shiga ofis ta ɗauki kwafin ɗan littafin Nibaran, ta nufi gidan Bagchi, wanda katanga guda ta raba shi da makaranta. A saman kabad ɗin ofis akwai wata tsohuwar butar tagulla da ba a amfani da ita. Ba ta kalle ta ba, amma tana tafe tana tuna ta. Kafin a haƙa famfo, daga wannan buta kowace ɗaliba ke shan ruwa, kuma Pishima ce ke riƙe da ita. Da tsakar rana za ta fito ƙarƙashin mangwaro, yara su yi layi. 'Ya'yan Brahman ta zuba musu a moɗa. Irin su Torulata kuwa sai su durƙusa su haɗa tafin hannu, ta ɗaga butar sama ta tsiyayo, don kada baki ko yatsa ya taɓa tagullar. Ruwan na fantsama a fuska, yana gangarowa ta gwiwar hannu. Torulata ba ta taɓa jin haushin wannan ba tana yarinya. Sai da ta girma ta koyi jin haushinsa.

Ta sami Khiroda kwance a kan tabarma a barandar madafi, kanta a kan hannunta. Yaran makwancin suna makaranta suna gwajin waƙa. A tsakar gida an rataye ƙaramar tukunya mai huji a saman ɗoɗɗoyar da ake bauta wa, tana ɗiga a hankali, kamar yadda ake yi kowace bazara.

Torulata ta tsaya a ƙasan baranda, inda ta saba tsayawa.

"Pishima, ya jikin?"

"Wa ke nan? Au, Toru." Muryar ta dushe. "Ɗan Maitra ne ya turo ki ko? Wannan yaron tun yana goyo ba ya iya riƙe magana."

"Ya ce ba za ki kai gobe ba."

"To. Shi ya sani."

Torulata ta buɗe ɗan littafin. Ta ji kunyar abin da take yi, amma ba ta zo da wani makami ba. Ta fara karantawa daga inda Nibaran ya jero hujjoji daga tsofaffin littattafan addini, cewa ba a ɗora wa marar lafiya azumin ƙishirwa, cewa malaman baya ne suka tsananta abin da na farko suka sassauta. Ba ta kai ƙarshen shafi ba tsohuwar ta karɓe, ta ci gaba da ka, ido rufe, har ta kai aya.

"Kin iya shi?"

"Ina zan rasa iyawa? A nan ya zauna, inda kike tsaye, ya karanta mini shi tun yana rubutun hannu. Ranar Ekadashi ce ma, bayan faɗuwar rana. Ina jajjaga masa kayan miya yana karantawa, har yana hawaye. Ya iya rubutu, ƙanina."

"To me ya sa ba ki ji maganarsa ba?"

Khiroda ta buɗe ido ta dube ta.

"Ke kin yi karatu har Kalkata, amma akwai abin da ba a koya miki ba. Zauna. A'a, can, kada ki hau."

Torulata ta zauna a ƙasa.

"Shekarar da ya buɗe makaranta, yara huɗu ya samu, a wata na biyu suka koma biyu. Kina tsammani karatun ne mutane suka ƙi? Ruwa ne. Yarinya za ta wuni a gidan mutumin da ba ya da wanzami, wanda aka gani yana shan shayi da Kiristoci, in ƙishirwa ta kama ta daga hannun wa za ta sha? Wata safiya a bakin tafki mata suka kewaye ni. Suka ce, Khiroda, ƙaninki ya lalace, amma ke mun san ki. In ke za ki riƙa ba su ruwa, kuma kina nan a kan azuminki yadda muka san ki, za mu turo su. Na ce to. Kafin damina yara sun kai ashirin. Da manyan gidaje suka turo, sai ƙanana suka biyo, har uwarki ta kawo ki da majina a hanci."

"Ya san da wannan alkawari?"

"A garin nan? Kafin in iso gida da tuluna ya ji."

"Bai ce komai ba?"

"Bai taɓa roƙona ba, in ba shi haƙƙinsa. Bai kuma taɓa hana ni ba. Kowace Ekadashi sai ya tashi da wuri ya tafi ƙauyuka wa'azin ilimi, ba ya dawowa sai rana ta faɗi. Shekara talatin da huɗu bai taɓa cin abincin rana a gidan nan ran Ekadashi ba. Ni kuma ina ƙarƙashin mangwaro ina zuba muku ruwa, ina jin ƙamshinsa. Kin san ruwa na da ƙamshi? Ba ki sani ba."

Ta mayar da numfashi. Tukunyar nan ta ci gaba da ɗiga a kan ɗoɗɗoya.

"Sai aka kawo famfo. Kin tuna, kina nan, ke kika sa yara waƙa. Ruwan ƙarfe ba shi da dangi, kowa ya danna ya sha, hatta matan tafki suka yarda. Kwana tara bayan haka Ekadashi ta zo. Ranar bai fita ba. Da tsakar rana sai ga shi da moɗa cike. Ya ce, Didi, yayata, sha, yanzu ba komai."

"Ba ki sha ba."

"Yanzu ba komai," tsohuwar ta maimaita. "Shekara talatin da huɗu moɗar nan na rataye a bango. Ranar da ƙishirwata ta daina yi masa amfani, ranar ya tuna inda take. Na ce masa ya kai wa ɗoɗɗoya. Ya tsaya nan har ruwan ya yi ɗumi. Shekara huɗu ya ƙara a duniya, ba mu sake maganar ba."

Torulata ta rufe littafin. Abin da ta fara ji shi ne sha'awar kare malaminta, kuma kalmomin suna bakinta a shirye: ɗaruruwan yaran da suka bi ta garken shanun nan, ungozomomi da malamai da suka fito daga ciki. Ba ta faɗa ba.

"Amma Pishima, wancan ya wuce. Matan da kika yi wa alkawari duk sun mutu. Shi ma ya tafi. Don wa kike yi yanzu?"

"Ke ma ai ba ki roƙe ni ba," in ji Khiroda.

"Ni?"

"Da kika tsallaka kogi bara, me kika gaya musu? Cewa kika yi ina da daɗin hira?"

Torulata ta san kalmomin da ta faɗa a waɗancan gidaje, ta kuma san abin da masu sauraro suka ji a cikinsu. Ta tuna cewa tun da yaran suka zo, kowace Ekadashi sai ta sami wani aikin da zai riƙe ta a ofis. Har zuwa wannan lokacin tana tsammanin aikin ne ya yi yawa.

Aka yi sallama a ƙofa, Uwargida Lahiri ta shigo, doguwa, da jan tambarin aure a tsagar gashinta da ɗamin makullai a gefen sari. Baranyarta na biye da ƙaramar kwalbar tagulla mai toshe da kaki. Ta wuce Torulata da ɗan jinjina kai, ta hau baranda, ta sunkuya ta shafi ƙafar Khiroda ta kai hannun goshinta.

"Didi, mun ji labari a mashaya. Na ce da su, ku kwantar da hankalinku, wannan ba irin matan yanzu ba ce. Ga ruwan kogin Ganga mai tsarki na zo da shi."

Ta fasa kakin, ta juya kan tsohuwar gefe, ta ɗiga mata ɗigo uku a kunne. Haka ake yi wa mai takaba in ajali ya same ta ran Ekadashi: ruwa mai tsarki ya shiga jiki, azumi kuma bai karye ba. Ɗigo ɗaya ya gangaro ta kumatu ya nufi gefen baki. Uwargida Lahiri ta yi sauri ta share shi da bakin sarinta.

"Malama," ta ce ba tare da ta juyo ba, "ki je ki ji da baƙinki. Ni zan zauna da ita. Masu jawabi sun ishe ku a can."

Torulata ta koma makaranta.

Da rana ta ɗan karkata mutane suka cika rumfa. Ga 'yan kwamiti da lemominsu, ga tsofaffin ɗalibai da goyo, ga wani lauya da ya zo daga babban gari a jirgin ruwa musamman don ya yaye ƙyallen. Yara suka yi waƙa. Torulata na zaune a kan dandamali tana kallon layin gaba, inda 'yan makwanci goma sha ɗaya ke zaune a jere, gashinsu na ƙyalli da man kwakwa. Ta uku daga hagu ita ce Renuka, jikar Lahiri, wadda a wata bakwai ta cinye littafin lissafin aji biyu, ta fara kama kuskuren malamarta. Torulata ta riga ta rubuta wa wata makaranta a Kalkata game da ita.

Ta auna abin a ranta, ta juya shi ta kowane gefe. Tsohuwar ba ta nemi ruwa ba. Ta ƙi na ƙaninta, ta ƙi na likita, ba abin da ya nuna za ta karɓi na 'yar masunta. In ta kai aka ƙi, an yi asarar yaran a banza, domin Uwargida Lahiri ba za ta bar jikokinta a inda shugaba ke yawo da buta ran Ekadashi ba. In kuma aka karɓa, an saya wa mai shekara saba'in wasu 'yan watanni da rayuwar yara goma sha ɗaya waɗanda ba wanda ya tambaye su. In ta zauna a kujerarta ba wanda zai zarge ta. Khiroda za ta mutu yadda ake yabo, ƙauyen tsallake ya ƙara yarda da gidan, a samo wata mai takaba ta riƙe makwancin. Lissafin ya fita daidai. Ta gane cewa wannan lissafin ne malaminta ya yi kowace safiyar Ekadashi yana ɗaura takalmi, kuma kowane lokaci daidai yake fita masa.

Lauya ya ja ƙyalle, aka yi tafi. Likita Gopen ya sanar cewa yanzu shugabar makaranta, wadda ita kanta ɗiyar hannun marigayi ce, za ta yi jawabi.

Ta tashi ta zaro takardar ta miƙa masa.

"Karanta musu, Likita."

"Ni? Rubutunki kamar sawun ƙaguwa, Didimoni."

"Ai ka fi son magana."

Ta sauka ta shiga ofis, ta taka kujera ta sauko da butar tagulla. Ƙura ta cika ta, da gawar wani ƙwaro a ciki. Ta kai ta famfo ta cuɗe da ƙasa, ta ɗauraye sau uku, ta cika. Famfon yana gefen rumfa, ƙarar hannunsa ta rufe muryar likita, kawuna suka juyo. Ta ɗauki butar ta bi ta gaban jama'a ta fita ta ƙofar katanga. Ba ta ɓoye ta a ƙarƙashin sari ba.

Uwargida Lahiri na yi wa maras lafiya fifita. Ta ga butar, fifitar ta tsaya.

"Wannan fa?"

"Ruwa ne, Uwargida."

"Na ga ruwa ne, ba makauniya ba ce ni. Na wa?"

"Na Pishima."

"Yau? Daga hannunki?" Ba ta ɗaga murya ba. "Malama, ban san ko zafin rana ne ya taɓa ki ba. Ki juya da butar nan yanzu, in ɗauka ban gani ba. In kika ƙara taku ɗaya, kwalekwalena yana mashaya, kuma yana ɗaukar mutum goma sha biyar."

Torulata ta ƙara takun, ta tsaya a ƙasan baranda.

"Pishima, na kawo miki ruwa."

Da farko kamar ba ta ji ba. Leɓɓanta sun tsage, idanunta sun faɗa. Can ta juyo da kai.

"Butata ce wannan?"

"Ita ce."

"Kin ji abin da ta ce?"

"Na ji."

"Yara nawa za su tafi?"

"Watakila duka."

"Har mai lissafin nan, mai gyara mini ƙidayar carbi?"

"Har Renuka."

"Kin san haka kika kawo."

"Na sani, Pishima."

Khiroda ta daɗe tana kallonta. Daga makaranta ana jiyo muryar likita yana tuntuɓe a kan shekarun wanzami da mai wanki.

"Wawiya," ta ce. "Ƙanina ya fi ki hankali."

"Haka ne."

"Didi!" in ji Uwargida Lahiri. "Shekara hamsin da wani abu! Saura miki rabin yini ki cika da tsarkinki. Kan kurɓi ɗaya za ki zubar da duka?"

Tsohuwar ta dafa ƙasa ta yunƙura, ta kasa, ta sake yunƙurawa. Ba wanda ya taimaka mata: ɗaya ba za ta yi ba, ɗayar ba ta da ikon taɓa ta. Da jan gindi ta iso bakin baranda. Ta haɗa tafin hannayenta ta kai baki.

"Ɗaga sama, 'yar masunta," ta ce. "Kada ki taɓa ni."

Torulata ta ɗaga butar ta tsiyaya. Ba ta saba ba, ruwan farko ya zube a ƙasa, na biyu ya fantsama a fuskar tsohuwar. Sannan hannunta ya daidaita. Khiroda ta sha, ta ƙware, ta yi tari, ta sake tara hannu. Ruwa na gangarowa ta gwiwar hannunta yana jiƙa farin sarin. Sai da buta ta yi rabi ta kau da kai.

"Ɗanɗanon ƙarfe," ta ce. "Wannan kuke ba yara?"

Uwargida Lahiri ta ajiye fifita, ta sauka ta ɗaya gefen barandar, ta ce da baranyarta ta naɗe kayan yara.

Kafin faɗuwar rana takwas sun tafi. Uku suka rage, 'ya'yan wani akawun kotu wanda ya aiko cewa zai zo da kansa ya ɗauke su, bai kuma zo ba. Renuka ta yi kuka a mashaya, kakarta ta ce ta bar littafin lissafin a bakin ruwa, ta bari. Kwamiti ya zauna a kan maganar. Likita Gopen ya ce shi a matsayin likita ya yaba, a matsayin sakatare ya yi tir, ya roƙi a rubuta duka biyun. Aka rubuta. Aka kafa allon dutsen a bango da jawabin da Torulata ta tsara, ba a canza ko kalma ɗaya ba, domin ba ta sami ƙarya a ciki da za ta cire ba.

Amsar Kalkata ta zo bayan wata biyu, cewa akwai gurbi. Torulata ta sa wasiƙar a aljihun tebur. Ƙauyen tsallake bai sake aiko da yarinya ba sai bayan shekara goma sha biyu. Sau ɗaya ta ƙara ganin Renuka, a mashaya, da goyo a kafaɗa, tana tsaye bayan mijinta ana loda buhunan rama a jirgi. Leɓɓanta na motsi, kuma ta gama ƙirga tun kafin mai rubutu ya kai rabi. Suka haɗa ido, Renuka ta ja mayafi.

Khiroda ta tashi daga wannan ciwo, ta ƙara shekara biyu da wata huɗu. Ta ci gaba da dafa wa yaran nan uku, tana faɗa da su a kan wanke ƙafa. Ekadashi ta gaba ta koma azuminta kamar ba abin da ya faru, ba ta kuma sake shan ruwa a wannan rana ba har ta mutu. Da Torulata ta tambaye ta dalili, sai ta ce, "Na ce miki ban yarda da shi ba ne?"

Torulata ta daɗe tana juya maganar malaminta a ranta, ta kan ɗora shi a mizani ɗaya da kanta, kuma ba ta taɓa samun awon da ya tsaya ba. Shi ya bar 'yar'uwarsa da ƙishirwa ya cika aji. Ita ta shayar da tsohuwa sau ɗaya, benci takwas suka zama wayam. Duk shekara ita ke rataya furanni a kan allon dutsen, kuma da zuciya ɗaya take yi.

Abin da ta daina shi ne zaman ofis ran Ekadashi. Da tsakar rana za ta cika butar a famfo, ta kai ta ajiye a bakin baranda, ta zauna a ƙasa. Khiroda za ta bar ta ta jira, wani lokaci har inuwa ta juya. Sannan ta sa ɗaya daga cikin yaran ta ɗauki butar ta juye a gindin ɗoɗɗoya, ta ce da Torulata ta tashi ta koma, yara na jiran ta.